Rumbun Tarayya: Fayilolin da ke Ɗauke da Rassan Akwatin Umarni a Kwamfutar Tebur



1.0 Gabatarwa

Duk ma'aikacin da ya saba aiki da kwamfutar tebur ya san wahalar neman abu a cikinta. Sau da yawa takarda ce ya rubuta watanni uku da suka wuce, ya manta jakar da ya ajiye ta, ga shi kuwa shugaban sashe yana jira. Domin rage irin wannan wahala ne masu ƙera manhaja suka fito da wani ɗan akwati wanda yakan bayyana a fuskar kwamfuta da zarar an danna maɓallai biyu. Mutum ya rubuta haruffa uku ko huɗu a ciki, nan take akwatin ya jero masa abubuwan da yake zaton su ake nema, ko takarda, ko manhaja, ko amsar lissafi, shi kuma ya zaɓa. A kwamfutocin Apple sunan wannan akwati Spotlight, ya fito cikin Mac OS X 10.4 a shekarar 2005. A tsarin Linux mai amfani da teburin KDE sunansa KRunner, ya zo tare da KDE 4.0 a watan Janairu na 2008. A Windows kuwa kamfanin Microsoft ya fito da PowerToys Run a 2020.

Abin da wannan lacca za ta duba shi ne abin da ke bayan akwatin. Haƙiƙa akwatin shi kaɗai bai iya lissafi ba, bai san ma'anar kalma ba, bai kuma san yadda ake mayar da mil zuwa kilomita ba. Kowace ɗaya daga cikin waɗannan ƙwarewa tana cikin wani fayil ne dabam, wanda akwatin yakan ɗauko a lokacin da yake aiki. Za a bayyana irin waɗannan fayiloli, da asalinsu, da yadda ake kiransu, da amfaninsu, da kuma haɗarin da ke tattare da su ga wanda aka damƙa wa takardun hukuma ko kundin bincike.

2.0 Kalmomin da Za a Yi Aiki da Su

Kafin a yi nisa, ya kamata a tsayar da kalmomi uku, domin harshe ba ya ɗaukar sabon ilmi sai an yanka wa abubuwan ilmin suna. Kalma ta farko ita ce akwatin umarni, wato ɗan akwatin nan da aka ambata a sama. Ta biyu ita ce reshe, wato ƙaramar manhajar da ake liƙa wa akwatin domin ta ƙara masa wata ƙwarewa guda, kamar reshen lissafi ko reshen ƙamus. Ta uku, wadda ita ce ƙashin bayan laccar, ita ce rumbun tarayya.

An zaɓi kalmar rumbu ne saboda abin da Bahaushe ya sani game da shi. Rumbu ba ya dafa tuwo, ajiya kawai yake yi, sai mai bukata ya zo ya ɗiba. Haka wannan fayil yake: tarin dabarun aiki ne da aka riga aka mayar zuwa harshen na'ura, kowace dabara da sunanta, amma fayil ɗin ba ya tashi ya yi aiki da kansa sai wata manhaja ta kira shi. An ƙara kalmar tarayya ne domin manhajoji da yawa suna ɗiba daga rumbu guda, kamar yadda 'yan gandu suke ci daga rumbun maigida. Ana gane waɗannan fayiloli ta ƙarshen sunansu. A Windows sukan ƙare da .dll, a Linux da .so, a tsarin macOS na Apple kuwa da .dylib, ko kuma a naɗe su cikin wani ƙunshi mai kama da jaka.

3.0 Asalin Rumbun Tarayya

A farkon zamanin kwamfuta, idan mai rubuta manhaja yana bukatar wata dabara da wani ya riga ya rubuta, alal misali dabarar jera sunaye bisa tsarin abacada, sai a kwafo ta a ɗinke ta cikin jikin manhajarsa. Idan manhajoji hamsin suna bukatar dabarar, to kwafi hamsin ke nan a kan faifai, idan kuma duk suna aiki lokaci ɗaya, kwafi hamsin a ƙwaƙwalwar na'ura. A wancan zamani ƙwaƙwalwa tana da tsada ƙwarai, saboda haka wannan almubazzaranci ne. Bugu da ƙari, idan aka gano kuskure a dabarar, dole a sake gina manhajojin nan hamsin ɗaya bayan ɗaya.

Tsarin Multics, wanda Cibiyar Fasaha ta Massachusetts da kamfanin General Electric da ɗakunan binciken Bell suka fara ginawa a Amurka a tsakiyar shekarun 1960, yana daga cikin na farko da suka nuna wata hanya: a bar dabarar a wuri guda, a ƙulla ta da manhaja sai a lokacin da ake aiki. Windows ya zo da wannan tsari tun fitowarsa ta farko a 1985. A gidan Unix, fitowar SunOS 4.0 a 1988 ita ce ta yaɗa fayilolin .so, daga nan Linux, wanda Linus Torvalds ya fara a 1991, ya rungumi tsarin fayil na ELF a tsakiyar shekarun 1990, wanda shi ne ya sauƙaƙa gina irin waɗannan rumbuna.

Akwai hanyoyi biyu na ɗiba daga rumbu, kuma bambanta su yana da muhimmanci. Ta farko, manhaja takan zo da jerin rumbunan da ba ta iya tashi sai da su. Da zarar an buɗe ta, wani ɓangare na tsarin kwamfuta, mai lodi, yakan karanta jerin, ya nemo kowane rumbu, ya ɗora shi a ƙwaƙwalwa. Idan ɗaya ya ɓace, manhajar ba za ta buɗe ba sam. Hanya ta biyu ita ce manhaja ta riga ta tashi, sa'an nan ta nemi a ɗauko mata wani rumbu wanda ko mai rubuta ta bai taɓa jin labarinsa ba. A Linux da macOS umarnin da ke yin haka sunansa dlopen, na neman dabara da sunanta kuma dlsym. A Windows takwarorinsu su ne LoadLibrary da GetProcAddress. Wannan hanya ta biyu ita ce ta haifi reshe.

4.0 Yadda Akwati ke Kiran Reshe

Misalin KRunner ya isa ya fayyace al'amarin, domin manhajar KDE a buɗe take, kowa yana iya karanta yadda aka rubuta ta. Idan akwatin ya tashi, yakan leƙa wata jaka ta musamman, wadda a Plasma 6 sunanta yake ƙarewa da kf6/krunner. Kowane fayil na .so da ke ciki reshe ne. A jikin kowannensu an liƙa ɗan bayani mai faɗin sunansa da aikinsa, ta yadda akwatin zai san abin da ke nan tun kafin ya ɗauko shi. Rassan da mai kwamfuta ya amince da su a shafin saiti, su ake ɗorawa.

To, ta yaya akwati zai yi magana da reshen da wani baƙo ya rubuta a wata ƙasa? Amsar ita ce akwai yarjejeniya. An shar'anta cewa kowane reshe dole ya tanadi dabaru biyu. Ta farko ita ce ta dubawa: a miƙa mata abin da mutum ya rubuta, ita kuma ta dawo da amsoshin da take da su, kowace amsa da makin dacewa tsakanin 0 da 1. Ta biyu ita ce ta zartarwa: idan mutum ya zaɓi wata amsa, a mayar wa reshen da ya kawo ta domin ya aikata.

A ɗauka ma'aikaci ya rubuta 250*12. Akwatin ba ya ƙoƙarin fahimtar wannan rubutu, sai ya aika da shi ga dukkan rassa, kamar sanƙira mai shela a kasuwa. Reshen manhajoji ya duba bai ga manhaja mai wannan suna ba, ya yi shiru. Reshen takardu ma haka. Reshen lissafi kuwa ya gane, ya dawo da 3000. Shi ma reshen lissafin ba shi ya yi aikin da hannunsa ba, ya jingina ne da wani rumbu mai suna libqalculate. Ashe ke nan reshe rumbu ne da ke ɗiba daga wasu rumbuna, su ma suna ɗiba daga wasu, har a gangaro kan babban rumbun harshen C, wato libc.so.6, wanda kusan kowace manhajar Linux take dogaro da shi.

Akwai reshe guda da zai amfani ɗalibin Hausa kai tsaye. A cikin ƙarin rassan KDE akwai na haruffa na musamman, wanda idan an rubuta alamar # da lambar harafi a tsarin Unicode yakan fito da harafin. Lambar ƙ ita ce 0199, ta ɗ 0257, ta ɓ kuwa 0253. Wanda allon maɓallansa ba shi da haruffa masu lanƙwasa yana iya samunsu ta nan, ba sai ya rubuta kasa alhali ƙasa yake nufi ba.

A PowerToys Run tsarin bai bambanta sosai ba. Kowane reshe yana da jakarsa, a ciki akwai fayil na .dll da aka rubuta da harshen C# da kuma ɗan fayil na bayani mai suna plugin.json. Alamar = takan kira reshen lissafi, alamar > kuma reshen umarnin tsarin kwamfuta. Rassan Spotlight na gargajiya, masu ƙarewa da .mdimporter, aikinsu dabam ne: sukan koya wa Spotlight karanta cikin wani sabon nau'in takarda domin ya shiga fihirisa.

5.0 Amfanin Tsarin

Amfani na farko shi ne tattali. Ɓangaren umarni na rumbu ba ya canzawa yayin aiki, saboda haka kwafi guda ake ɗorawa a ƙwaƙwalwa, manhajoji duka su riƙa karantawa daga gare shi, kowace kuma a ware mata nata wurin ajiye bayananta. Na biyu shi ne sauƙin gyara. A watan Afrilu na 2014 aka gano wata ɓaraka, wadda aka yi wa laƙabi da Heartbleed, a rumbun OpenSSL mai kare sirrin saƙonni a intanet. Inda manhajoji suke tarayya a rumbun, sauya fayil ɗin da sake tayar da su ya wadatar. Waɗanda suka ɗinke kwafinsa a jikinsu kuwa sai da aka bi su ɗaya ɗaya. Na uku shi ne rabon aiki. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma masu gina akwati ba za su taɓa sanin bukatar kowa ba. Tun da yarjejeniyar a bayyane take, ɗalibin kimiyyar kwamfuta da ya iya harshen C++ yana iya rubuta reshen da zai nemo ma'anar kalma a ƙamus na Hausa, ba tare da ya nemi izinin kowa ba.

6.0 Matsaloli Uku

Matsala ta farko ita ce saɓanin zubi. Reshe da akwati sun yi yarjejeniya ne a kan wani zubi na rumbunan da ke ƙarƙashinsu, idan zubin ya sauya to magana ta wargaje. Wannan ne dalilin lambar da ke ƙarshen suna kamar libc.so.6: ana ƙara ta ne idan sabon rumbu ya daina jituwa da tsofaffin manhajoji. Da KDE ta fito da Plasma 6 a watan Fabrairu na 2024, ta koma kan rumbunan Qt 6, sai rassan .so da aka gina domin Plasma 5 suka daina aiki har sai an gyara su an sake gina su. A Windows na shekarun 1990 abin ya fi muni, domin sabuwar manhaja takan danne rumbun da ke jakar tsarin da nata zubin, wata manhajar da ba ruwanta ta wayi gari ba ta buɗewa.

Matsala ta biyu ita ce faɗuwa tare. Reshen da aka ɗauko ta dlopen ko makamancinsa ɗaki ɗaya yake kwana da akwatin, wato yanki guda na ƙwaƙwalwa suke zaune, babu katanga a tsakaninsu. Idan reshe guda ya yi kuskure ya taɓa inda bai kamata ba, tsarin kwamfuta ba ya tantance mai laifi, akwatin gaba ɗaya yake rufewa. Wake ɗaya ke ɓata gari.

Matsala ta uku, wadda ta fi sauran nauyi, ita ce ta amana. Tun da reshe yana cikin jikin akwatin, duk ikon da mai kwamfuta yake da shi, reshen ma yana da shi. Yana iya karanta kowace takarda ta mai kwamfutar, ya kwafe ta, ya aika da ita waje, ko ya goge ta. Daɗin daɗawa, duk abin da aka rubuta a akwatin ana miƙa shi ga rassa, har da sunan fayil na sirri da ake nema.

Tarihi ya nuna cewa wannan tsoro yana da tushe. Ƙwayar cutar Stuxnet, wadda aka gano a 2010 kuma aka auna ta kan cibiyar nukiliya ta Natanz a Iran, ta yaɗu ne ta filash. Buɗe jakar filash ɗin kawai ya isa, domin a ƙoƙarin zana ɗan hoton wani fayil Windows yakan ɗauko rumbun da maharan suka dasa. Microsoft ya toshe wannan kafa a watan Agusta na 2010. A cikin watan ne kuma kamfanin ya yi gargaɗi game da wata dabarar: idan manhaja ta nemi rumbu da suna kawai, ba ta faɗi inda yake ba, Windows yakan bi jerin wurare yana dubawa, mugu kuma yana iya ajiye rumbun ƙarya mai irin sunan a wurin da za a fara cin karo da shi.

Misali na kusa shi ne na rumbun liblzma, mai matse fayiloli, na manhajar XZ Utils. Wani mai amfani da sunan Jia Tan ya shafe kimanin shekara biyu yana taimakon mai kula da manhajar har ya sami amincewa, sa'an nan ya dasa ƙofar ɓoye a zubi na 5.6.0 da 5.6.1. A wasu nau'o'in Linux manhajar shiga kwamfuta daga nesa tana ɗauko wannan rumbu a kaikaice, ta hanyar wani rumbun, saboda haka gubar ta isa inda ba a zata ba. Injiniya Andres Freund ne ya fallasa al'amarin ranar 29 ga Maris 2024, bayan ya lura cewa shiga na'urarsa ya ƙara jinkirin kimanin rabin daƙiƙa. An yi sa'a zubin bai riga ya shiga yawancin nau'o'in Linux da jama'a ke aiki da su ba. Darasin shi ne, wanda ya zuba guba a rijiyar unguwa ba ya bukatar shiga gida gida.

7.0 Raba Ɗaki

Saboda waɗannan matsaloli, masu ƙera akwatunan umarni sun karkata ga raba wa reshe ɗaki. A wannan tsari reshe manhaja ce mai zaman kanta, akwatin ya aika mata tambaya ta wata kafar saƙo, ita kuma ta aiko da amsa. KRunner yana karɓar irin waɗannan rassa ta kafar D-Bus, wanda ya sa ake iya rubuta su da harsuna kamar Python. Apple yana gudanar da rassan fihirisar Spotlight a cikin wasu ƙananan manhajoji masu suna mdworker, waɗanda aka taƙaita abin da suke iya taɓawa. Akwatin Command Palette, wanda Microsoft ya fito da shi a 2025 domin ya gaji PowerToys Run, shi ma rassansa a waje suke zaune.

Ribar a fili take: reshe ya faɗi, akwati yana tsaye, kuma sauyin zubin rumbunan akwatin ba ya karya shi. Amma akwai farashi, domin aika saƙo tsakanin ɗakuna biyu ya fi kira a ɗaki guda cin lokaci da ƙwaƙwalwa. Sa'an nan wajibi ne a lura cewa raba ɗaki maganin faɗuwa tare ne. Idan ba a haɗa shi da taƙaita iko ba, reshen da ke ɗakinsa yana nan da ikon mai kwamfuta a kan takardunsa, matsalar amana ba ta kau ba.

8.0 Abin da Ya Rataya a Wuyan Ma'aikaci da Ɗalibi

Daga abin da ya gabata ana iya fitar da ƙa'idoji huɗu. Ta farko, idan kwamfuta ta ce ta rasa wani fayil, alal misali VCRUNTIME140.dll ko MSVCP140.dll, kada a je intanet a sauko da fayil ɗin shi kaɗai daga shafin da ba a sani ba. Waɗannan biyu ɓangare ne na ƙunshin Visual C++ wanda Microsoft yake rabawa kyauta, daga wurinsa ya kamata a ɗauko ƙunshin gaba ɗaya. Ta biyu, sanya reshe daidai yake da ba wa baƙo makullin ofis, saboda haka a san wanda ya rubuta shi, a fifita rassan da suka zo tare da tsarin ko daga ma'ajiyarsa ta hukuma. A kwamfutar gwamnati kuwa, a bar wannan hukunci ga jami'in da aka ɗora wa kula da na'urori. Ta uku, a shiga shafin saiti a kashe duk reshen da ba a amfani da shi, musamman masu aika tambaya zuwa intanet. Ta huɗu, a riƙa sabunta tsarin kwamfuta a kan kari, a kuma sake tayar da ita bayan sabuntawa, domin manhajar da ke aiki takan ci gaba da riƙe tsohon rumbu a ƙwaƙwalwa ko da an sauya na kan faifai.

Ɗalibin da ke son gani da idonsa yana da kayan aiki. A Linux umarnin ldd yakan jero rumbunan da manhaja ke bukata, sai dai a yi amfani da shi a kan manhajar da aka amince da ita kawai. A macOS akwai otool, a Windows kuma manhajar Process Explorer tana nuna rumbunan da kowace manhaja ta ɗauko.

9.0 Kammalawa

An ga cewa akwatin umarni mai shela ne kawai, rassa ke da amsa, kuma reshe a mafi yawan tsofaffin tsare-tsare rumbun tarayya ne da ake ɗaukowa yayin aiki. Tarayyar ce ta kawo tattali da sauƙin gyara da damar kowa ya ƙara nasa, ita ce kuma ta kawo saɓanin zubi da faɗuwa tare da buɗe ƙofa ga maha'inci. Magatakardan da yake tambayar wanda zai shiga ɗakin ajiyar fayiloli daga ina yake, ya kamata ya yi wa kowane reshe irin wannan tambaya kafin ya sanya shi a kwamfutar ofis. Ga sassan Hausa da na kimiyyar kwamfuta kuma akwai aikin haɗin gwiwa da ke jira, wato gina rassan ƙamus da na daidaita rubutu, waɗanda za a bayyana yadda aka rubuta su domin kowa ya duba ya gamsu.